Malama ta ce wa 'yata Hausa ba ƙabilar Ghana ba ce, to wane gari za mu rubuta?

Maman_Hafsa_Aboabo:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ku yi haƙuri da rubutun dare, raina ne a ɓace. 'Yata tana aji biyar a firamare, an ba su aikin gida a kan ƙabilun Ghana, kowa ya rubuta ƙabilarsa da garinsu na asali da bikin gargajiyarsu da abincinsu. Yarinya ta rubuta Hausa, gari Kumasi, biki Sallah, abinci tuwo. Malama ta ja jan biro a kan biyun farko, wai Hausa ta Nijeriya ce, Kumasi kuma ta Asante ce, ta je ta tambayi iyayenta inda suka fito. Da kuka ta shigo gida. Ni a Aboabo aka haife ni, uwata a Tsohon Zango, kakana yana kwance a maƙabartar Tafo. Ban taɓa taka ƙasar Nijeriya ba ko da sau ɗaya. Don Allah wane gari zan ce ta rubuta?

DanNima77:
Wa alaikumus salam. Hajiya ki kwantar da hankalinki, ba a kanki aka fara ba. Na taɓa zuwa wani ofishi neman takarda, yaron da ke teburin, wanda na girme shi da shekara 15 aƙalla, ya dubi sunana ya ce in faɗa masa ƙauyenmu. Na ce Nima. Ya tuntsire da dariya, ya ce Nima unguwa ce, ƙauye yake tambaya. Sai da na koma gida muka zazzage akwatin ƙarfen tsohuwa, muka samo takardar haihuwar babana duk ta yi ja ta kakkarye, sannan aka saurare ni.

Alhaji_MaiGoro:
'Yata, ki share wa jikata hawaye. Malamar nan abin da aka koya mata ta koyar. Amma bari in ba ki abin da na ji daga bakin mahaifina, shi ma daga nasa.

Tun kafin jihadin Shehu ayarin Hausawa ke zuwa Gwanja, a arewacin Ghana ta yau, fataucin goro. Daga Kano ake tashi, ko Katsina, daga baya har Sakkwato, da jakuna ɗauke da kanwa da fatu da rigunan saƙi da baƙin rini. A ƙetare Kwara ta wajen Yawuri, a ratsa ƙasar Bargu, a faɗo Yandi, a sauke kaya a Salaga. Madugu shi ne uban tafiya, jagaba ke gaba don shi ya san hanya da mashaya. Zuwa da dawowa kan ci wata shida, wani lokaci shekara guda, shi ya sa har gobe in Bakano zai kwatanta nisa sai ya ce kamar Gwanja. Goron kuwa ba a Salaga yake fita ba, a kurmin Tonawa yake, wato Asante, su ke ɗauko shi a ka su kawo kasuwa, don sarkinsu ba ya barin fatake su kutsa kurmi da kansu. Inda ayari ya sauke ya kwana shi ne zango. Yau duk Ghana ba wanda bai san kalmar ba, har majalisa ta yi dokar asusun raya zango a 2017. To kalma ta samu takardar zama ƙasa, masu kalmar kuma ana tambayarsu ƙauye.

Yarima_Asawase:
Allah ya ƙara wa Baba lafiya. Ko Alhassan Dantata ai da goron nan ya fara. Mahaifiyarsa a Ankara, wato Accra, ta zauna, shi ma ya zo, kuma yana cikin waɗanda suka fara ɗora goro a jirgin ruwa zuwa Ikko maimakon jakuna. Dukiyar da ake ji a Kano tana da ƙamshin goron ƙasar nan.

Malam_Tarihi:
Baba Alhaji ya faɗi gaskiya, amma da izininsa zan gyara abu guda kafin mu ɗauki girman da ba namu ba. Ba Hausawa ne Musulmin farko a wannan yanki ba. Wangarawa sun riga mu, 'yan kasuwar zinariya daga ƙasar Mali, waɗanda suka zauna a Begho can wajen arewa maso yammacin kurmi. Kalmar kramo da Asante ke kiran Musulmi da ita daga bakinsu ta fito, karamoko, wato malami. Da Baturen Ingila Bowdich ya zo Kumasi a 1817 ya tarar da malamai a kusa da fada suna rubuta wa sarki wasiƙu da layu. Har yau babbar rigar yaƙin Asantehene, sarkin Asante, cike take da layu.

Cikowar Hausawa kudu daga baya ne. A 1874 Ingila ta ci Kumasi da yaƙi ta ƙone ta, ikon Asante a kan Gwanja ya karye, hanyar goro ta rikice, kasuwa ta fara komawa Kintampo da Atebubu. Sai kuma a 1892 rikicin sarautar Kpembe ya tarwatsa Salaga gaba ɗaya, mutane suka watsu, wasu Kete Krachi, wasu Yeji, wasu har bakin teku. A cikinsu akwai Alhaji Umaru, haifaffen Kano, wanda ya zama limamin Kete Krachi, ya yi waƙoƙi da Larabci da Hausa a kan zuwan Nasara, ya rasu a 1934. Zangon Kumasi da muka sani bayan 1896 ya cika, da Turawa suka kama sarkin Asante Prempeh na farko suka fitar da shi daga ƙasar.

Game da malamar: a ƙidayar 2021 mutanen Ghana miliyan 30.8 ne. Akan kashi 45.7 cikin ɗari, Mole-Dagbani 18.5, Ewe 12.8, Ga da Dangme 7.1, sai Gurma da Guan da Grusi da Mande. Hausa ba ta da layinta a cikin manyan nan, cikin "sauransu" ake jefa mu. Littafin da ke hannunta ke nan.

Sister_Zee:
"Sauransu" 😭 Wallahi wannan ta fi jan biron ciwo.

BaKotokoli:
Ina ta karanta ku ina murmushi. Kullum in maganar zango ta tashi sai ku mai da ita maganar Hausawa. Ku leƙa layinmu a Sawaba ku ƙirga gidaje: Kotokoli, Mosi, Zabarmawa, Busanga, Wangarawa, Chamba, Yarbawa, Fulani, Dagwamba. Dukkanmu Hausa muke yi a masallaci da kasuwa, wasu 'ya'yanmu ma ba su iya yaren iyayensu ba sai ita. Amma in aka ce Hausawa na jini su ɗaga hannu, ba za su cika benci biyu ba. Hajiya Maman Hafsa, ba raini ba, kin tabbata kakanki Bahaushe ne, ko dai zango ne ya mai da shi?

Maman_Hafsa_Aboabo:
Yaya BaKotokoli, na wajen uba Bakatsine ne, har tsagar fuskarsa na tarar. Na wajen uwa kam ban sani ba, kakata dai takan ce uwarta 'yar Salaga ce.

Wumbei_Tamale:
Ni Dagwamba ne, shekarata 19 a Kumasi ina sana'a a Suame. Abin dariya, ku ana ce muku ba 'yan ƙasa ba ne don ku Hausawa ne, mu kuma da muke da sarautar da ta girmi ta Asante ana kiranmu Hausawa don muna sa batakari, rigar saƙin arewa, muna sallah. A wurin mutanen kudu da yawa, da zarar ka wuce Kintampo kowa Hausa ne. Alhali a Tamale Dagbanli ake yi, a Wa akwai Waali da Dagaare, a Bolga Frafra, a Navrongo Kasem, a Bawku Kusaal. Wani tsoho a ƙauyenmu ko sannu bai iya da Hausa ba.

Amma ga abin da zai ba ku mamaki. Makaɗanmu masu lunga, waɗanda ke riƙe da tarihin sarakuna a ka, suna cewa kakan kakanninmu Tohazie, Jan Maharbi, daga wajen Zamfara ya taso. Daga tsatsonsa aka samu Naa Gbewaa da ya zauna a Pusiga, daga shi Mamprusi da Dagwamba da Nanumba suka fito, har Mosi ta ɓangaren 'ya mace. To in asali ake bi, sai a haɗa mu da ku a mota ɗaya a mai da mu Gusau.

Yarima_Asawase:
Hhh Wumbei, kai za ka biya kuɗin mai.

Malam_Tarihi:
Ai abin da Wumbei ya taɓo shi ne jijiyar maganar. Ku bi su ɗaya bayan ɗaya. Ewe suna cewa daga Notsie suka gudo, a Togo ta yau, daga hannun sarki Agokoli, suna tafiya da baya don sawunsu ya ruɗe masu bin su, kuma duk Nuwamba suna bikin Hogbetsotso a Anloga don tuna gudun. Wani ɓangare na yankin nasu ma sai da aka yi ƙuri'ar raba gardama a 1956 ya haɗe da mu. Ga suna cewa daga gabas suka zo. Gwanjawa suna danganta kansu da mayaƙan Mande da Ndewura Jakpa. Sunan Ghana kansa aro ne, tsohuwar daular da ke da sunan tana can tsakanin Mali da Muritaniya, ko taku ɗaya ba ta shigo ƙasar nan ba. Asante kuwa wasu daga cikinsu suna cewa daga rami suka fito a Asantemanso, su kam ba mai ce musu su koma.

Gaskiya_Daci:
Ku bari in ɓata muku hira. Kowa na ta kawo goro da malamai, ba wanda ya ambaci abin da ke sa wasu ke mana kallon da suke mana. Yaƙin 1874 da Malam ya faɗa, su wa Kyaftin Glover ya jagoranto daga Ikko? Dakarun da ake kira Hausawan Glover. Daga irinsu aka kafa rundunar 'yan sandan Gold Coast a 1879, wadda ta zama sojan ƙasar nan. Da Yaa Asantewaa, sarauniyar Ejisu, ta ɗaga wa Turawa bindiga a 1900, akwai sojan Hausa a cikin ganuwar Kumasi tare da gwamna. Kuma Salaga ba goro kaɗai ake sayarwa ba. Ku je ku ga rijiyoyin da ake wanke bayi kafin a kai su kasuwa. Babatu da mayaƙansa Zabarmawa sun yi wa ƙasar Gurunshi ɓarnar da jikoki ke ba da labarinta har yau. In za mu koya wa yara tarihi, mu koya musu duka.

Alhaji_MaiGoro:
Ɗana, ba ka yi ƙarya ba, ko da yake da zafi ka faɗa. Sai dai ka ƙara da cewa da yawa daga cikin sojan nan bayi ne da suka tsere wa iyayengijinsu a ƙasar Yarbawa, kuma Bature duk wanda ya ji yana Hausa sai ya rubuta shi Bahaushe. Bayin Salaga kuwa, ka tambaya wa ke karɓar harajin bayi daga Gwanja da Dagwamba duk shekara bayan yaƙoƙin sarkin Asante Opoku Ware. Kwaryar nan hannuwa da yawa ne a cikinta.

Gaskiya_Daci:
Na yarda Baba. Ban ce mu kaɗai ba.

Jikar_Hajiya:
Na karanta wa kakata wannan hirar yanzu, ta ce lallai in rubuta nata. Shekarunta sun haura 80, don haka maganarta ce, ni hannu ce kawai.

Ta ce ku yara kuna fushi a kan jan biro, ba ku ga 1969 ba. Ranar 18 ga Nuwamba gwamnatin Busia ta ba da sanarwa a rediyo, duk baƙon da ba shi da takardar zama ya bar ƙasa cikin mako biyu. Ta ce a zango ba wanda ya san wata takarda, don ba wanda ya taɓa ɗaukar kansa baƙo. Maƙwabciyarsu Bayarbiya ce mai sayar da atamfa, a nan aka haife ta, a nan ta haifi 'ya'ya shida. Ta fito da keken ɗinkinta da gadon ƙarfe da tukwanen tasa ta jera a ƙofar gida, mutane na taya wa kamar kayan gwanjo, wanda ya san ba ta da zaɓi sai ya taya kwata. Keken nan kakata ta saya, ta ce har yau tana jin kunyar kuɗin da ta bayar, amma su ke nan a ɗaure a bakin zaninta. Daren tafiya matar ta kwana tana share ɗakin da za ta bari. Da asuba aka loda su a babbar mota a tsaye, ta miƙa wa mai gidan hayar makulli, wata tsohuwa Asante, tsohuwar ta ƙi karɓa, ta ce riƙe, za ki dawo. Ba ta dawo ba. Keken yana ɗakin kakata, ni na koyi ɗinki a kansa.

Kakanmu kuma wata biyu ya yi a gonar koko a ƙauye, wani abokinsa Asante ya ɓoye shi har ƙura ta lafa.

Maman_Hafsa_Aboabo:
Allahu akbar. Ki gaishe mini da Hajiya, Allah ya ƙara mata lafiya. Na ji kunyar kukana.

DanNima77:
Sai kuma 1983 reshe ya juye da mujiya, Shagari ya koro 'yan Ghana kusan miliyan guda, jakar gana-mas-go ta samu suna. Wani kawuna yana cikinsu. A Ikko aka ce masa ɗan Ghana, ya iso Aflao aka ji yana Hausa aka ce ɗan Nijeriya. Ya ce ya tsaya a tsakiya yana tunanin ko Togo za ta karɓe shi.

Malam_Tarihi:
Kafin Busia ma an yi. A 1957, 'yan watanni bayan samun 'yanci, gwamnatin Nkrumah ta kori Alhaji Amadu Baba, Sarkin Zangon Kumasi, zuwa Nijeriya, saboda yana tare da 'yan adawa. Don haka masu son mai da abin na jam'iyya ɗaya su yi hattara.

Admin_Zango:
Yauwa, na gode Malam. Duk wanda ya shigo da siyasar jam'iyya zan goge. Mun sha wannan a watan zaɓe.

Barista_Gobe:
Anti Maman Hafsa, ni ɗalibar shari'a ce, ga abin da doka ta ce. Kundin tsarin mulkin 1992 bai lissafa ƙabilu ba ko ɗaya a maganar zama ɗan ƙasa. Abin da ya ce, duk wanda aka haifa, a ciki ko a waje, in ɗaya daga iyayensa ko kakanninsa ɗan Ghana ne, shi ma ɗan Ghana ne. Dokar zama ɗan ƙasa ta 2000 ta fayyace na waɗanda aka haifa kafin 6 ga Maris 1957: in a nan aka haife ka, kuma a nan aka haifi ɗaya daga iyayenka ko kakanninka, shi ke nan. Matsalar ita ce malamar tambaya biyu ta cakuɗa. "Ke 'yar ƙasa ce?" daban, "ina ne garinku?" daban. A wurin Akan garinku shi ne inda dangin uwarka ke da gida da kujera da ƙasa, inda za a kai gawarka ranar Asabar. Mu kuwa inda ka mutu nan ake binne ka kafin la'asar. Shi ya sa tambayar ba ta zauna mana daidai.

Kofi_Danjuma:
Wannan bayanin ya yi. Ni uwata Asante ce daga wajen Ejisu, ubana Bahaushe. A wurin dangin uwa ni cikakken ɗan gida ne, don su ta uwa suke bi, har gadon kawu a da ɗan 'yar uwarsa ke ci, kafin dokar gado ta 1985 ta ba mata da 'ya'ya kaso. A wurin dangin uba kuma ni Bahaushe ne ba tantama. Riba biyu. Amma ina da aboki da nasa ya zo a juye, uba Asante uwa 'yar zango, dangin uba suka ce na uwarsa ne, dangin uwa suka ce ɗa na uba ne.

Sunana ma ku duba. Ranar Juma'a aka haife ni, kakata ta wajen uwa ta ce Kofi, ta wajen uba ta ce Danjuma, suka yi shekaru suna gardama ba su san abu ɗaya suke faɗa ba. Kwame da Ɗan'asabe, Abena da Talatu, Akua da Laraba, duk tafiyar ɗaya ce.

Hajiya_MaiWaakye:
Ni dai ban yi boko ba, amma malamar nan me ta karya da shi yau da safe? In koko ne da ƙosai, a duk Ghana Hausa koko ake ce masa, ƙosai kuma sun mai da shi koose. In waakye ne, wake ne da shinkafa, bakinsu ne ya lanƙwasa sunan. Tuo zaafi fa? Fura da suke ce wa fula? Masa, pinkaso, tsiren da suke kira chichinga? Shekara 26 ina dafa waakye a bakin titi. Ƙarfe uku na dare nake hura wuta, in zuba karan dawa ja da 'yar kanwa don launi ya fito, in naɗe a ganye, ga taliya, ga gari, ga shito, ga ƙwai da ganda. Kafin bakwai layi ya kai bakin kwata, masu kwat da masu hular kwano, ba wanda ya taɓa tambayata garinmu kafin ya ce a ƙara masa miya.

Sister_Zee:
Mma kin gama magana 😂 A ina kike? Gobe ina layi.

Hajiya_MaiWaakye:
Ki zo da wuri, takwas ta ƙare.

Bakano_a_KNUST:
Salam. Ni baƙo ne na gaske, karatu ya kawo ni daga Kano shekara biyu ke nan. Ku gafarce ni, amma ranar farko da na shiga Alabar na ji ana cewa "matata ya zo, ya kawo abinci" sai da na waiga. Ga Twi a tsakiyar magana, ga Turanci. Da na buɗe baki kuma aka ce ga ɗan Nijeriya. Ina ganin ku ba Hausawan Kano ba ne da suka ɓata, wani reshe ne da ya yi saiwarsa.

DanNima77:
Ɗan uwa, mu mun sauƙaƙa wa harshen ne, mun cire masa wahala. Mace ya zo, namiji ya zo, kowa ya zo, magana ya ƙare.

Yarima_Asawase:
Kuma da wannan Hausar ake karanta labarai a gidan rediyon ƙasa tare da Akan da Ewe da Ga da Nzema da Dagbani. Sai dai ba ta cikin harsunan da gwamnati ta ɗauka don koyarwa a firamare. A rediyo 'yar gida ce, a aji baƙuwa.

Direba_Bolga:
Ni shawarata ga Hajiya daban ce. In an yi hutu ki sa yarinyar a mota ki nuna mata ƙasar, don yaran zango da yawa daga Kejetia sai Aboabo suka sani. Shekara 14 ina hanyar Kumasi zuwa Bolga. Ka tashi da asuba cikin kurmi, hazo a kan gonakin koko da ayaba, ka wuce Offinso, ka isa Techiman kasuwar doya. Daga Kintampo sai ka ga itatuwa na raguwa, sama na buɗewa. Ka haye Baƙin Volta a Buipe, Farin Volta a Yapei, kafin Tamale ka shiga ƙasar kaɗanya da dorawa da kuka, gidaje zagaye da jinka, mata na tallan man kaɗe da zabi. A kudu damina biyu ce a shekara, can ɗaya ce tak, daga Nuwamba sai hunturu ya busar da leɓe. Rana ɗaya ka ga ƙasa biyu.

In Salaga kuke so, ku bi ta Ejura da Atebubu zuwa Yeji, ku hau fanton, jirgin fito, ku ƙetare zuwa Makango. Ruwan nan da za ku gani kamar teku ba haka yake ba a da. Madatsar Akosombo ce da aka gama a 1965 ta tara shi, ya shanye garuruwa, aka tayar da mutum kusan 80,000. Tsohuwar Kete Krachi ta Alhaji Umaru da Malam ya ambata tana ƙarƙashinsa. To wanda garinsu ke ƙarƙashin ruwa, me zai rubuta wa malama?

Wumbei_Tamale:
Direba, ka manta ka ce ta kalli launin kogin Offin in ta bi ta Dunkwa. Masu galamsey, haƙar zinariya ba bisa ƙa'ida ba, sun mai da shi kamar koko. Wannan ya fi damuna da wa ya riga wa zuwa.

Kuma abin da ke sa mutanen kudu ba su san arewa ba, Bature ne ya shuka shi. Ya riƙe arewa a matsayin rumbun leburori na ma'adinai da gonakin koko, makarantar sakandare ta farko sai 1951 aka buɗe a Tamale, alhali Cape Coast na da ita tun 1876. Har yau ƙannenmu mata ne ke kayaye, wato dako, a kasuwannin Kejetia da Makola. Sunan ma rabi naku ne rabi na Ga, kaya da yei, wato mata.

Ummu_Sabon_Zango:
Mu a Ankara muna da amsar da muke bayarwa. Unguwarmu Malam Baƙo ne ya kafa ta wajen 1912, ɗan Malam Nenu da ya zo daga Katsina, kuma sarakunan Ga ne suka ba da filin. Ni in aka ce garinku sai in ce Sabon Zango, in mutum ya yi gardama in ce ya je ya tambayi masu ƙasar. Muna kiyaye musu al'adarsu, in sun hana kiɗa da hayaniya kafin bikinsu na Homowo mu rage sautin lasifika. Babban Limamin ƙasa, Sheikh Usman Nuhu Sharubutu, a cikin Ankara aka haife shi a 1919, shekara 38 kafin a haifi Ghana. Da ya cika 100 ya shiga cocin Katolika na Christ the King ranar Ista ya zauna, duniya ta ɗauka. Akwai shugaban ƙasar da bai je gaishe shi ba?

Bakano_a_KNUST:
Ankarar nan ta daɗe tana ruɗa ni. Da aka ce Turkiyya ta gina babban masallaci a Ankara na ce to ai garinsu ne, ashe na unguwar Kanda a nan Ghana ake nufi.

Yarima_Asawase:
Hhh. Mu ma a Kumasi babban filin wasa sunan wa yake ɗauke da shi? Baba Yara. In Kudus ɗan Nima ya jefa biyu a ragar Koriya ta Kudu ba wanda ke neman takardar haihuwar kakansa.

Gaskiya_Daci:
Wannan ita ce matsalar ai. Sai ka ci ƙwallo ko ka cika shekara 100 kafin a yarda da kai? Yarinyar aji biyar fa ake magana.

Maman_Hafsa_Aboabo:
Salam, na dawo. Na gode muku duka, wallahi na kwana ina karatu. Yau na je makarantar da kaina. Malamar yarinya ce ƙarama, ba ta jima da fara aiki ba, ta karɓe ni da mutunci. Na faɗa mata abin da Barista ta rubuto da na Baba Alhaji. Ta ce ba ta san zango ya daɗe haka ba, ta ɗauka bayan 'yanci muka zo. Ta yarda a bar Hausa. Amma gari ta ce ko yaran Asante da aka haifa a nan ba ta karɓar Kumasi daga gare su sai in nan ne gidan danginsu, kowa ƙauyensu yake rubutawa. Da na gaya wa Hafsa sai ta ce ita Salaga za ta sa, tunda can kakar kakarta ta fito kuma tana cikin taswira. Ubanta ya ce Katsina ko ba komai. Har yanzu gurbin a buɗe yake, Litinin za a karɓa.

BaKotokoli:
Salaga ta Gwanjawa ce fa, in malamar gaba Bagwanjiya ce wani jan biron ne.

Ummu_Sabon_Zango:
Ta rubuta Aboabo Zango kawai, da manyan baƙaƙe.

Barista_Gobe:
Ni ina bayan Hafsa, ita aka tambaya.

Alhaji_MaiGoro:
In dai Salaga ta zaɓa, to sai an kai ta ta gani da idonta. Direba, nawa ne kuɗin mota zuwa Yeji yanzu, kuma fanton ƙarfe nawa yake tashi? Ni ma rabona da can tun ina jin ƙarfin ɗaukar huhun goro.

Direba_Bolga:
Baba ba layina ba ne, amma gobe in na shiga tasha zan tambayo maka. Ku dai shirya kwana a Yeji, don in ya cika ya tashi ba ya jiran kowa.